Kada ka kuskura ka cire wannan jamfar

Ɗana, ka tambaye ni ko za ka iya cire jamfar nRPIBOOT (ɗan mahaɗin da ke sa modul ya karɓi manhaja ta USB) da tashar USB ɗin da ke gefenta daga zanen allon da za a ɗora wa CM4, wato ƙaramin modul ɗin kwamfuta na Raspberry Pi, tunda allon yana da ramin katin SD. Kada ka kuskura.

Batun a ba CM4 volt 5 shi kuma ya fito da 3.3 da 1.8, ba zan ɓata bakina a kai ba; wanda bai san wannan ba ya koma gyaran caja. Matsalarku yaran yanzu, sai ku sauke fayil ɗin KiCad (manhajar zanen allo) na allon IO, allon ɗora CM4 da Raspberry Pi suka saki, ku goge duk abin da ba ku gane ba, ku ce kun zana allo. CM4 kala biyu ne. Lite ba shi da eMMC, wato ma'ajiyar da ke manne a jikin modul, daga kati yake tashi. Mai eMMC kuwa bai san da zaman katinka ba, ramin ado ne kawai. Kafin ka zuba masa manhaja sai ka ja nRPIBOOT ƙasa, ka haɗa USB da kwamfuta, ka kunna rpiboot, manhajar da ke sa kwamfuta ta ga eMMC ɗin.

A 2022, lokacin da modul ya yi wuyar samu, wani ɗan kwangila a nan Jidda ya kawo mini aikin allunan sanarwa na masaukan alhazai a Makka. Na sa jamfar da tashar a zane. Ya ce in cire, wai ɓarnar riyal ce, ya rantse Lite zai sayo. Na cire, tunda mai kaya ne. Ashe da ya rasa Lite, masu eMMC ya kwaso bai gaya mini ba. Aka ɗora, ko ɗaya bai tashi ba. Wallahi har shago ya zo yana ɗaga murya a gaban maƙwabta, wai ban iya aiki ba. Ni! Da hannuna na riƙa ɓalle modul ɗaya bayan ɗaya, in zuba manhaja a kan allon IO nawa, in mayar, zuciyata na dukan uku-uku, domin soket biyun nan masu ƙafa 100 kowanne ba a yi su don yawan cirewa ba. Da komai ya tashi ya kwashe kaya, ya ce cikon kuɗi sai bayan Hajji, ya kuma roƙi fayilolin zanen wai don ajiya. Su ya kai wa wani ya buga masa ƙari. Cikona har yau shiru. Allah ya isa.

To mayar da jamfar. Layukan USB biyun ka ja su tare, tsayinsu ɗaya, impedance ɗinsu (juriyarsu ga sigina) om 90. Mai aikin nan kuma ya rubuta maka cikakkiyar lambar modul ɗin da zai saya, ya sa hannu. Ka kawo mini zanen kafin Isha, kuma kada fayil ko ɗaya ya fita daga shagon nan.