Tambaya da Amsa: Malami ya ce saki uku, alƙali ya ce ɗaya

TAMBAYA

Assalamu alaikum Malam. Ni haifaffen Makka ne, kakanninmu daga ƙasar Katsina suka zo aikin hajji suka zauna. Watannin baya ƙanena ya yi wa matarsa saki uku a kalma ɗaya cikin fushi. Malamin da muke ɗaukar karatun fiƙihu a wurinsa ya ce igiya ta ƙare, ba ta halatta gare shi sai ta auri wani. Da magana ta kai kotu, alƙali ya ce saki ɗaya ne, ya kafa hujja da wani sashe na sabuwar dokar iyali. Tun daga ranar gidanmu ya rabu biyu, har baffanmu yana cewa Saudiyya ta ajiye shari'a ta ɗauki doka mai lamba irin ta Turawa. Shin rubuta hukunci sashe-sashe barin shari'a ne? Kuma maganar wa ƙanena zai bi?

Daga wani ɗan'uwanku, unguwar Misfala, Makka.

AMSA

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Allah ya daidaita tsakaninku. Zan fara da maganar baffanku, domin ita ce uwar rigimar, kuma ba shi kaɗai yake da wannan fargaba ba, manyan malaman ƙasar da kuke zaune sun daɗe suna da ita.

Tun zamanin Sarki Abdul'aziz har zuwa fitowar sababbin dokokin nan, kotunan Saudiyya ba su da kundin doka guda da alƙali zai buɗe ya karanta lamba. A shekarar 1928 aka umarci alƙalai su yi hukunci da mazhabar Hambaliyya, su dogara musamman da littattafan Shaihu Mansur al-Bahuti, kamar dai yadda alƙalan ƙasar Hausa suke komawa ga Mukhtasar da sharhohinsa. Abin da gwamnati take rubutawa da kanta, irin su dokar kasuwanci da dokar ƙwadago da ta zaman baƙi, ba a kiran sa kanun, ana ce masa nizam, wato tsari, domin kada a ce wani mahaluki ya yi tarayya da Allah wajen shar'antawa. Da aka kai batun rubuta hukunce-hukuncen fiƙihu gaban Majalisar Manyan Malamai a farkon shekarun 1970, mafi rinjayensu sun ƙi amincewa. Hujjarsu ita ce an umarci alƙali ya yi hukunci da abin da ya gani shi ne gaskiya bisa Alƙur'ani da Sunna, to idan aka ɗaure shi da ra'ayi ɗaya, wata rana zai yanke abin da zuciyarsa take ganin kuskure ne. Tsarin mulkin da Sarki Fahad ya fitar a 1992 ma ya tafi a kan wannan, inda sashensa na farko ya ce Littafin Allah da Sunnar Manzonsa su ne kundin tsarin mulkin ƙasa, wani sashen kuma ya ce kotuna za su yi aiki da shari'a da kuma tsare-tsaren da shugaba ya fitar matuƙar ba su saɓa wa Alƙur'ani da Sunna ba.

Ita kanta muhawarar ta girmi Saudiyya da fiye da shekara dubu. Ibnul Muƙaffa, wani marubuci na zamanin Abbasiyawa, ya rubuta wa Halifa Mansur yana kukan cewa abin da ake halattawa a wani gari ana haramta shi a wani, har a cikin gari ɗaya ana samun hukunci biyu, ya ba shi shawarar ya tattara hukunce-hukunce ya zaɓi ɗaya ya tilasta wa alƙalai. An kuma ruwaito cewa an nemi Imamu Malik ya yarda a ɗora jama'a duka a kan Muwaɗɗa, shi da kansa ya ƙi, saboda sahabbai sun watsu a garuruwa kuma kowane gari yana riƙe da abin da ya iso masa. Daular Usmaniyya ce ta fara yin abin a aikace, tsakanin 1869 da 1876, lokacin da ta fitar da kundin doka mai suna Majalla, mai sashe 1851, a kan ciniki da haya da jingina da shaida bisa mazhabar Hanafiyya, kuma malamai ne suka rubuta ta. Saboda haka jera hukunci da lamba ya riga ya shiga aikin malaman Musulunci tun kafin a haifi kakanninku, ko da yake babu musun cewa an dubi yadda Turawa suke tsara littattafan dokarsu.

Abin da ya sa Saudiyya ta canja hanya a ƙarshe shi ne irin abin da Ibnul Muƙaffa ya yi kuka da shi. Mutum biyu su kawo ƙara iri ɗaya, wannan alƙali ya ba uwa riƙon yara, wancan ya ba uba. Laifi ɗaya na ta'aziri, wato wanda shari'a ta bar wa alƙali ƙayyade horonsa, wani ya sha bulala kaɗan, wani ya yi shekaru a kurkuku. Mai kuɗi yana iya ɗaukar lauya ya ɗaukaka ƙara, amma bazawarar da ba ta san kowa ba sai abin da ta tarar. 'Yan kasuwar waje da ƙasar take zawarci su ma ba sa son zuba dukiya inda ba za su iya sanin hukuncin yarjejeniyarsu tun kafin rigima ta taso ba, kuma kada mu yaudari kanmu, wannan dalili na biyu yana da nauyi ƙwarai a wurin masu mulki. A watan Fabrairun 2021 Yarima mai jiran gado Muhammad bin Salman ya sanar da dokoki huɗu: ta shaida, ta iyali, ta mu'amalar dukiya, da ta hukuncin ta'aziri. Dokar iyali ta fito a 2022, ta mu'amala a 2023, ta ta'aziri kuwa ita ce ta fi jinkiri.

Wanda ya zauna ya karanta dokar iyalin nan zai ga fiƙihu ne aka sa wa lamba. Waliyyi yana nan, sadaki yana nan, shaidu biyu suna nan, idda da kome da hul'i da rabon gado duk suna nan yadda aka san su. Abin da aka yi shi ne, duk inda malamai suka yi saɓani an ɗauki magana ɗaya an ce da ita kotu za ta yi aiki, sannan an ƙara wasu sharuɗɗa na tsari, kamar hana rubuta auren wanda bai kai shekara 18 ba sai da izinin kotu, da wajabta wa miji ya rubuta saki a hukumance cikin kwana 15. Ƙungiyoyin kare haƙƙin mata na waje ma sukar da suke yi wa dokar ita ce ta tabbatar da ikon waliyyi da biyayyar mace ga miji a rubuce, ka ga ke nan su suna ganin ta cika bin fiƙihu, baffanku yana ganin ta bar shi.

Amma akwai gaskiya a cikin fargabar baffa, sai dai ba a wurin da ya ajiye ta ba. A da, malami ne yake faɗin mene ne hukunci, sarki yana zartarwa. Idan aka rubuta doka, alƙalami ya koma hannun gwamnati, ita take zaɓen ra'ayin da za a bi, ita take gyarawa, ita take sokewa. A Saudiyya Majalisar Shura mai mutum 150 sarki ne yake naɗa ta, aikinta shawara ne, doka kuma da umarnin sarki take fita. A ganina wannan shi ne babban sauyin da ya sami matsayin addini a siyasar zamani, a can da sauran ƙasashen Musulmi: malamai sun tashi daga masu riƙe da doka sun koma masu ba da shawara a kanta. Yana da amfani idan mai alƙalamin ya yi adalci, kamar yadda aka gani a 2020 da aka daina yanke bulala a laifukan ta'aziri. Yana da haɗari idan aka rubuta sashe mai faɗi wanda kowace magana za ta iya shiga cikinsa, kamar yadda dokokin yaƙi da ta'addanci da na laifukan intanet suka kai mutane kurkuku na shekaru masu yawa saboda abin da suka rubuta a shafukan sada zumunta.

'Yan'uwanmu na Sudan sun fi kowa sanin wannan. A watan Satumban 1983 Shugaba Ja'afar Numairi ya ƙaddamar da dokoki da sunan shari'a a lokacin da mulkinsa yake tangal-tangal, aka yi ta yanke hannun talakawa ana cikin fari da yunwa, a watan Janairun 1985 kuma aka rataye Mahmud Muhammad Taha, dattijo mai shekara 76, bayan ya fitar da takardar adawa da dokokin. Wata uku bayan haka Numairi ya faɗi. Gwamnatin Umar al-Bashir ta sake rubuta dokar laifuka a 1991 tare da sashen ridda, gwamnatin riƙon ƙwarya ta cire shi a 2020. Alƙur'ani bai canja ba a tsawon waɗannan shekaru, mai riƙe da alƙalami ne yake canjawa. Mu ma a gida, da Zamfara ta fara aiki da shari'a a watan Janairun 2000 sauran jihohi suka bi, kundi mai lamba majalisun jihohi suka rubuta, kuma ban ji wanda ya ce sun bar addini saboda lambar ba. Don haka idan za a auna doka, a duba daga ina aka ɗauko hukuncin, a duba a kan wa ake zartar da shi, a kuma duba ko malami zai iya cewa an yi kuskure ya kwana a gidansa.

Yanzu ga maganar ƙanenka. Malaminku bai yi ƙarya ba, abin da ya faɗa shi ne sanannen ra'ayin mazhabobi huɗu, har da Malikiyyar da muka tashi a cikinta: saki uku a kalma ɗaya bidi'a ne, mai yin sa ya yi zunubi, amma ya auku uku. Wasu malamai har ijma'i suka ambata a kai. Sai dai alƙalin ma ba daga iska ya ɗauko nasa ba. Imamu Muslim ya ruwaito daga Ibnu Abbas cewa a zamanin Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, da zamanin Abubakar da shekara biyu na halifancin Umar, saki uku ɗaya ake lissafa shi, sai da Umar ya ga mutane suna gaggawa a abin da aka ba su dama su yi a hankali, sannan ya zartar musu da shi uku. A kan wannan Ibnu Taimiyya da almajirinsa Ibnul Ƙayyim suka tsaya, an kuma ruwaito irinsa daga wasu malaman Malikiyya na Andalus, kuma shi ne fatawar Shaihu Bin Baz ko da yake mafi yawan abokansa a Majalisar Manyan Malamai sun saɓa masa. Masar ta sa shi a dokarta tun 1929, ƙasashen Musulmi da dama suka bi, Saudiyya kuma ta zo daga baya.

Tunda mas'alar ta saɓani ce mai hujja a kowane ɓangare, ƙa'idar da malaman fiƙihu suka sani ita ce hukuncin alƙali yana ɗauke saɓani. Fatawa bayani ce da ba ta tilasta wa kowa, hukunci kuwa yana ɗaure waɗanda aka yi wa shi, in ba haka ba babu rigimar da za ta ƙare. Saboda haka abin da nake gani shi ne saki ɗaya ne ya auku, saura igiya biyu, muddin babu wani saki da ya gabata. Wannan sharaɗi ku tambayi ƙanenka a kansa tsakaninsa da Allah, domin alƙali da abin da aka gaya masa yake hukunci, kuma hukuncinsa ba ya halatta wa mutum abin da shi ya san ya ɓoye. Idan matar tana cikin idda yana iya yin kome, a kafa shaidu, a rubuta a hukumance cikin kwanakin da doka ta yanka. Idan idda ta cika, sai da yardarta da waliyyinta da sabon sadaki da sabon ɗaurin aure. Idan kuma ita ce zuciyarta ba ta natsu ba saboda abin da ta ji daga malami, kada a ja ta da ƙarfi, a zaunar da ita a yi mata bayani, in ta ƙi tana da hanyar hul'i.

Ina roƙon ka je wurin malamin naku da kanka, cikin ladabi, ka kai masa takardar hukuncin, ka roƙe shi ya zo ya yi wa baffa magana, domin dattijo irinsa daga bakin malaminsa zai fi karɓa fiye da daga shafin mujalla. Sa'ar da ƙanenka ya yi ita ce aurensa a rubuce yake, shi ya sa kotu ta saurare su cikin sauƙi. Akwai gidajen mutanenmu a Makka da Jidda da Madina da ake ɗaura aure a falo ba takarda, sau da yawa saboda matsalar igama, kuma ranar da saki ya zo matar sai ta fara da wahalar tabbatar da cewa an taɓa auren kafin a zo maganar ciyarwa ko riƙon yara. Idan a danginku akwai mai irin wannan aure, ku taimaka masa ya nemi hanyar rubuta shi tun ana zaman lafiya.