Harafin G ko na K: yadda ake rubuta lambar karayar ƙwauri mai jinkirin warkewa

Wata baiwar Allah mai ƙaramin kamfani a Amurka, wanda aikinsa shirya wa asibitocin ƙashi takardun neman biya daga kamfanonin inshora, ta aiko da tambaya. Ta ce ladanta wani kaso ne na abin da aka biya asibiti, ga shi kuma ana yawan dawo mata da takardun majinyatan da ƙwaurinsu ya karye ya yi jinkirin haɗewa. Wani ma'aikacinta ya ba ta shawarar a riƙa sauya harafin ƙarshe na lambar karayar da ake rubutawa a takardar daga G zuwa K, domin a cewarsa an fi saurin biyan mai K. Tana so ta san ko wannan dabara ce ta kasuwa ko ganganci.

Malama, ganganci ne, kuma ina roƙonki kada ki bari a yi shi ko sau ɗaya. Amma na fahimci inda yake yi miki ƙaiƙayi, don haka bari mu bi lambar daki-daki, a ga inda kuɗinki yake maƙalewa.

Tun ranar 1 ga Oktoba, 2015 Amurka take aiki da tsarin lambobin cututtuka da raunuka na ICD-10-CM, kuma a cikinsa karayar da ke tsakanin gwiwa da idon sawu tana ƙarƙashin S82. S82.0 na ƙoƙon gwiwa ne, S82.1 na saman ƙashin ƙwauri, S82.2 na tsakiyarsa, S82.3 na ƙasansa, S82.4 kuma na tsakiyar siririn ƙashin da ke gefensa. Alƙaluman da ke biye su ne suke faɗin siffar karayar, da ko ƙashin ya goce daga mazauninsa, da ko ƙafar dama ce ko ta hagu. Duk wannan ma'aikatanki sun sani. Rigimar tana kan gurbi na bakwai, inda wannan rukuni yake da haruffa 16.

Harafin A na karaya rufaffiya ne, wato wadda fata ba ta buɗe ba, a lokacin da ake ainihin aikin gyaranta, ba wai ranar farko da likita ya ga majinyaci kaɗai ba, kuma nan ne da yawa suke yin kuskure. Idan an gama wannan aiki aka shiga bibiya, ƙashi yana haɗewa yadda ake zato, sai a koma D. Idan yana haɗewa amma a hankali fiye da yadda ya kamata, G ke nan. Idan ya tsaya cak ya ƙi haɗewa, K. Idan ya haɗe a karkace, P. Ke nan S82.201G tana nufin tsakiyar ƙwaurin dama, ba a fayyace siffar karayar ba, rufaffiya ce, ana bibiya, warkewa ta yi jinkiri. Ga karaya buɗaɗɗiya kuwa, kamar wadda ƙashi ya huda fata, jinkiri yana ɗaukar H ko J, gwargwadon matakin raunin a ma'aunin Gustilo: H ga mataki na 1 da na 2, J ga mataki na 3 da rassansa uku. Ƙin haɗewa a irin wannan karaya yana ɗaukar M ko N. Wanda ya rubuta G ga majinyacin da aka fara yi wa lamba da B, harafin farkon jinyar karaya buɗaɗɗiya, ya haɗa labari biyu masu karo da juna, kuma irin wannan saɓani yana daga cikin abubuwan da suke sa a dawo da takarda.

Bambancin G da K hukuncin likita ne. Babu wani adadin makonni a ƙa'idojin lambobin da zai ba mai shirya takarda damar duba kalanda ya yanke cewa ƙashi ya ƙi haɗewa. Abin da likita ya rubuta da hannunsa shi ne abin da za a mayar lamba. Ma'aikacinki ya lura da wani abu na gaskiya, wato shirin inshorar lafiya na gwamnatin Amurka, Medicare, yana biyan kuɗin na'urar zaburar da ƙashi ta lantarki, mai lamba E0747, ga dogon ƙashin da ya ƙi haɗewa. Abin da bai faɗa miki ba shi ne sharaɗin: ana neman hotunan ƙashi aƙalla jeri biyu, da tazarar kwana 90 ko fiye a tsakaninsu, da rubutaccen bayanin likita cewa babu alamar ci gaba. Idan kin rubuta K alhali bayanin likita yana cewa ƙashi yana ta cikowa, ranar da aka nemi fayil ɗin babu abin da zai kare ki. Dokar tarayya kan neman biya na ƙarya, wadda ta samo asali tun 1863, tana ba da damar a ci tarar ninki uku na asarar da gwamnati ta yi, ban da tara a kan kowace takarda, kuma tana iya hawa kan mai shirya takarda kamar yadda take hawa kan asibiti. Kasancewar ladanki kaso ne na abin da aka karɓa zai sa mai bincike ya ƙara zura ido, domin zai ga kina da riba a cikin sauyin.

Zatona shi ne yawancin takardunki ba saboda harafin G ake dawo da su ba. Ki fara duba kwanakin. Babban aikin karaya, kamar sa ƙarfe a cikin ɓargon ƙwauri mai lamba 27759 a tsarin CPT na lambobin ayyukan likita, yana zuwa da wa'adin kwana 90 a tsarin Medicare, kuma ziyarar bibiya wurin likitan da ya yi aikin a cikin wannan wa'adi tana cikin kuɗin da aka riga aka biya. Jinkirin warkewa ba ya buɗe sabon lissafi da kansa. Hoton ƙashi ana biyansa daban, komawa ɗakin tiyata kuma yana buƙatar a liƙa wa lambar aikin alamar 58 ko 78 dangane da dalilinsa, ziyarar da ta faɗo bayan wa'adin kuma ana nemanta a matsayin ziyara mai zaman kanta.

Sannan ki duba yawan lambobin da ba su fayyace komai ba. S82.90XG ba ta faɗi ƙashin ba, ba ta ma faɗi ƙafar ba, kuma yana da wuya a yarda cewa likitan ƙashi mai hoto a gabansa bai san ƙafar da yake jinya ba. Ƙa'ida ta ce idan ba a rubuta rufaffiya ko buɗaɗɗiya ba a ɗauke ta rufaffiya, idan ba a rubuta ta goce ko ba ta goce ba a ɗauka ta goce, amma dama da hagu sai an tambaya. Haka nan lambobin Z na kulawar bayan jinya ba a amfani da su ga karayar rauni, lambar S82 ɗin ce ake ci gaba da ita da harafin da ya dace. Idan kuma ƙashin mai cutar zaizayewar ƙashi ne ya karye a ƙaramar faɗuwa, lambarsa tana rukunin M80.

Shawarata ita ce ki zauna da likitocin asibitocin da kike yi wa aiki, ki roƙe su kowane bayanin bibiya ya ƙunshi ƙashin, da ƙafar, da matakin rauni in buɗaɗɗe ne, da kalma ɗaya bayyananniya kan halin warkewa. Inda bayani ya zo a dunƙule, a aika wa likita tambaya a rubuce wadda ba ta sa masa amsa a baki, a ajiye amsarsa a fayil. Takardun da aka riga aka ƙi biya, Medicare tana ba da kwana 120 don neman a sake dubawa a matakin farko, don haka ki jera su bisa kwanan wata ki fara da waɗanda wa'adinsu ya kusa cika. Idan kuma bincikenki ya nuna an taɓa tura wata da K ba tare da hujja ba har aka biya, ki sanar da asibitin a rubuce nan take, domin doka ta ba da kwana 60 ne kawai a mayar da kuɗin bayan an gano shi.