Ko ya dace mai zaman makoki ya kalli Burn Burn Burn?

'Yar'uwa, kin ce kin rasa aminiyarki, kuma kina tambaya ko wannan fim na Birtaniya, wanda Chanya Button ta ba da umarni a 2015, zai sanyaya miki rai. Labarinsa na ƙawaye biyu ne, Seph da Alex, waɗanda abokinsu Dan ya bar wa wasiyya ta bidiyo cewa su watsa tokar gawarsa a wurare huɗu, kuma tafiyar ce ta tilasta musu fuskantar abin da suke ɓoye wa juna. Kuskuren da ake yi shi ne ɗaukarsa zallan barkwanci, alhali dariyarsa mai ɗaci ce, kuma bai dace da yara ba. A ganina ki jinkirta kallonsa tukuna. Idan baƙin cikin ya hana ki barci ko cin abinci har tsawon makonni, ki ga likita.