Masuntan Alvarado: gaskiya ce ko shiri?

Tambaya: Malam, na kalli Redes, tsohon fim ɗin Meziko kan masunta. An ce rayuwarsu ta gaskiya aka ɗauka, amma na ga kamar shiri ne. Yaya abin yake? Daga wata ɗaliba a Zariya.

Amsa: Malama, idonki ya gane miki. Shiri ne, amma mutanen da wahalarsu na gaske ne. A 1934 aka ɗauke shi a Alvarado, garin masunta a jihar Veracruz, ya fito a 1936. Ma'aikatar ilimi ta Meziko ce ta sa a yi, Paul Strand ya riƙe kyamara, Emilio Gómez Muriel da Fred Zinnemann suka ba da umarni. Yawancin waɗanda kika gani masuntan garin ne.

Ki tuna wurin da ake ɗauke da ɗan ƙaramin akwatin gawa zuwa maƙabarta, yaron Miro, jarumin fim ɗin, yaron da ya rasu saboda babu kuɗin magani. Rubuta wannan aka yi. Amma dubi hannuwan da ke jan taru, yadda kafaɗu ke tafiya tare ba wanda ya kalli wani. Ba darekta ne ya koya musu ba, sana'arsu ce tun suna yara. Ni wannan hannun nake nuna wa ɗalibaina, domin ya fi labarin faɗa mini yadda ake rayuwa a bakin ruwan.

Kayan aikin zamanin na cikin abin da ya jawo haka. Kyamara nauyi gare ta, fim na da tsada, ɗaukar murya a waje kuma aiki ne ja, da wuya a bi mutum kasuwa a ɗauke shi bai sani ba. Sai a roƙe shi ya maimaita abin da yake yi kullum. Carlos Velo ma haka ya yi a fim ɗinsa Torero na 1956: ya haɗa hotunan labarai na gaske da wuraren da Luis Procuna, mai wasa da bijimi, ya fito a matsayin kansa, yana nuna tsoron da ke kama shi kafin shiga fili. Duk da haka, a sahun fina-finan gaskiya aka sa shi takarar Oscar.

In za ki sake kallon Redes, ki rage sautin kiɗan Silvestre Revueltas na ɗan lokaci, ki bi fuskokin waɗanda ke tsaye a baya lokacin da ake auna kifi ana biyansu.