Saƙon "wevtapi.dll ya ɓace": shin a sauko da shi daga intanet?

Tambaya: Assalamu alaikum. Kwamfutata mai Windows 10 ta fara kashe kanta ba gaira ba dalili. Da na buɗe Event Viewer domin in ga abin da ke faruwa, sai ta ce sashen adana bayanan ba ya aiki, wata manhaja kuma tana cewa ba ta sami wevtapi.dll ba. Na ga shafukan da ke ba da fayil ɗin kyauta. In sauko da shi in saka?

Amsa: Wa'alaikumus salam, ɗan'uwa. A gaskiya ba na ba ka shawarar haka ko kaɗan, kuma dalilin zai fito fili idan ka fahimci yadda wannan sashe yake aiki.

Tun daga Windows Vista, wanda ya fito kasuwa a 2007, Microsoft ta sauya tsarin rubuta abubuwan da ke faruwa a kwamfuta. Abubuwa uku ne ke aiki tare. Fayil ɗin wevtsvc.dll shi ne kamar magatakarda, yana gudana a cikin svchost.exe, manhajar da ke tafiyar da hidimomin Windows a bayan fage, tun daga lokacin da aka kunna kwamfuta, wevtapi.dll kuwa shi ne tagar da manhajoji ke bi su nemi karanta abin da ya rubuta; littattafan rajistar kansu su ne fayilolin da ke ƙarewa da .evtx, waɗanda ke cikin C:\Windows\System32\winevt\Logs. Ko wanne daga cikin ukun ya lalace, Event Viewer zai iya ƙin buɗewa, don haka sunan da ka gani a saƙon ba lallai ne shi kaɗai ne mai matsalar ba.

Fayil ɗin da za ka sauko daga wani shafi yana da haɗari biyu. Kowane sabunti na Windows yana iya zuwa da nasa samfurin wevtapi.dll, wanda aka gina domin ya dace da sauran fayilolin wannan sabuntin, kuma a kwamfuta mai bit 64 kwafi biyu ne: na bit 64 yana System32, na bit 32 yana SysWOW64, akasin yadda sunayen ke nunawa. Saka wanda bai dace ba zai iya hana wasu sassan tashi. Abin da ya fi damuna kuwa shi ne ba ka san wanda ya taɓa fayil ɗin ba, alhali manhajoji masu cikakken iko a kan kwamfutarka ne za su riƙa loda shi. Shawarar da ake yawan bayarwa ta amfani da umarnin regsvr32, mai yi wa fayilolin DLL rajista a Windows, ita ma ba ta da amfani a nan, domin ba ya dawo da fayil ɗin da ya ɓace.

Windows tana ajiye ainihin kwafin fayilolinta a cikin wata ma'ajiya mai suna WinSxS, kuma daga nan ya kamata gyara ya fito. Ka buɗe Command Prompt ta hanyar zaɓar Run as administrator, ka rubuta DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth, ka bar shi ya kammala ko da ya yi kamar ya tsaya. Yana buƙatar intanet, saboda daga Windows Update yake ɗauko abin da ya lalace a ma'ajiyar. Bayan haka sai ka rubuta sfc /scannow, wanda zai gwada fayilolin tsarin da na ma'ajiya ya maye gurbin gurɓatattu. Idan ya ce ya kasa gyara wasu, sunayensu suna cikin C:\Windows\Logs\CBS\CBS.log.

Da ka sake kunna kwamfutar, buɗe services.msc ka tabbatar Windows Event Log, wato magatakardan nan, yana kan Automatic kuma yana gudana. Idan har yanzu ya ƙi tashi, akwai yiwuwar ɗaya daga fayilolin .evtx ne ya gurɓace sakamakon mutuwar kwamfutar tana tsakiyar rubutu. Ka kwashe su zuwa wata folda, Windows za ta ƙirƙiri sababbi. Ina roƙonka kada ka goge su, domin a cikinsu shaidar da kake nema take, kuma sau da yawa ana iya buɗe su a wata kwamfutar.

Wannan shaidar ce asalin abin da ya kawo ka. A rajistar System da ke cikin Event Viewer za ka ga lamba 41 daga Kernel-Power ko lamba 6008, amma dukansu suna cewa ne kawai kwamfutar ta mutu ba ta hanyar da ta dace ba, ba su faɗin dalili. Ka duba abubuwan da aka rubuta mintuna kaɗan kafin lokacin mutuwar, da kuma lamba 1001 daga BugCheck, wadda ke ɗauke da lambar kuskuren da ya tsayar da Windows, idan akwai. In ka tarar da lamba 7 daga disk, wadda ke nuna wani ɓangaren faifan ajiya ya lalace, to ka kwafi muhimman takardunka zuwa wani wuri tun kafin ka gudanar da chkdsk, umarnin da ke duba faifai ya gyara shi, domin faifan da ya lalata wevtapi.dll zai iya lalata su su ma.