Baƙi a fagen sumo: me ya rage na al'adar Japan?

Tambaya: Malam, na lura cewa manyan gwanayen kokawar sumo na 'yan shekarun nan galibinsu 'yan Mongoliya ne. Shin wasan bai tashi daga hannun Japanawa ba ke nan?

Amsa: Ta fuskar kambu, abin da ka lura da shi gaskiya ne. Tun 1972 Takamiyama, mutumin Hawai, ya zama baƙo na farko da ya cinye gasar babban rukuni, a 1993 kuma Akebono, shi ma mutumin Hawai, ya kai matsayin yokozuna, wanda babu na sama da shi. Daga nan 'yan Mongoliya suka karɓe fage, har aka shafe shekara goma, daga 2006 zuwa 2016, babu haifaffen Japan da ya ɗaga kofi. Hakuho, ɗan Mongoliya, shi kaɗai ya ci gasa 45, kuma ba a banza ba, domin mahaifinsa gwanin kokawar gargajiya ne a ƙasarsu.

Sai dai cin kofi daban, riƙon ragama daban. Yaron da ya zo daga Ulanbato, babban birnin Mongoliya, gidan horo yake shiga ya tare a ƙarƙashin ubangida, a raɗa masa sunan fage, ya tara gashi a ɗaure masa shi irin na mutanen da, ya yi shara da girki, ya yi wa na gaba da shi hidima, harshen Japananci kuwa dole ya zauna a bakinsa. Idan ya kai manyan rukunai, kafin kowace karawa zai kuskure baki, ya watsa gishiri a fage don tsarkake shi bisa ibadar Shinto, addinin gargajiya na Japan, kuma ko ya kayar da abokin karawarsa ba a so a ga murna a fuskarsa.

Hukumar sumo ma ba ta saki ƙofa a buɗe ba. Tun 2002 ta ƙayyade baƙo ɗaya ga kowane gidan horo, wanda kuma yake son zama ubangida bayan ya yi murabus sai ya karɓi takardar zama ɗan ƙasa, kamar yadda Hakuho ya yi a 2019.

A ganina, inda al'adar take shan matsi na gaske shi ne batun mata, waɗanda al'adar ta haramta musu hawa fage. A 2018 magajin garin Maizuru ya yanke jiki ya faɗi a tsakiyar fage, mata suka hau don ceto ransa, sai aka yi shela cewa su sauka. Hukumar ta nemi afuwa, amma haramcin yana nan har yau.