Amsa ga Yaya kan finafinan barkwanci marasa murya

Assalamu alaikum jama'a. Yaya, na ji tambayarka kan bidiyon nan baƙi da fari da aka turo, wai me ya sa suke gudu haka, kuma ina abin burgewa a faɗuwa da shan mari, har ka kira abin shirme. To ka saurare ni.

Saurin nan daga kyamara yake. Da hannu ake juya ta a lokacin. In mai ɗauka ya rage juyawa, ranar da aka haska a majigi sai ka ga mutane suna fyallawa. Kamfanin Keystone da Mack Sennett ya kafa a Amurka a 1912 da gangan suke yin haka, musamman 'yan sandansu da ke cika mota suna zubowa a kwana. A can Charlie Chaplin ya fara fitowa a fim, a 1914.

Amma abin ya girmi Keystone. Tun 1895 'yan'uwan Lumière a Faransa suka ɗauki wani mai ban ruwa a lambu. Yaro ya take tiyo, ruwa ya tsaya, mutumin ya leƙa bakin tiyon, yaron ya ɗage ƙafa. Ko minti ɗaya bai kai ba, kuma ba ka buƙatar kowa ya fassara maka.

Ni dai Yaya, kalmar shirme da ka yi amfani da ita ce ban yarda da ita ba. Don Allah nemi fim ɗin One Week na ɗan wasan barkwanci Buster Keaton, 1920. Ango da amarya aka ba gida na haɗawa a akwatuna, wani da ya nemi amaryar bai samu ba ya canja lambobin akwatunan. Gida ya fito a karkace, ƙofar bene tana buɗewa waje, babu matakala. Iska ta taso, gidan ya dinga juyawa da baƙi a ciki. Kuma gida ne na gaske aka gina, babu kwamfuta, Keaton da jikinsa yake faɗuwa, fuskar nan ko murmushi babu. Kowane taku an auna shi, in ka makara kaɗan sai asibiti. Harold Lloyd ma, wani ɗan wasan barkwanci na lokacin, yatsu biyu ya rasa a 1919, da wani bam da aka ɗauka na wasa ne ya tashi a hannunsa.

Ka kalli One Week ɗin har ƙarshe, wajen layin dogo. Ba zan faɗa maka ba, ka turo mana murya in ka gama.